'Yata Ta Tumɓuke Shukar Uwarta Ta Ƙarshe

Malama Gesine,

Don Allah ki taimake ni da shawara, domin abin nan ya tsaya mini a maƙogwaro, ya ƙi wucewa ya ƙi fitowa. Ni ba mutumin rubuce-rubuce ba ne. Shekara talatin da takwas na yi ina tuƙa injin ɗaga kaya a tashar jiragen ruwa ta Bremerhaven, can kuwa ba a tambayar mutum abin da ke ransa. Matata ce mai karanta filinki na shawara a jarida, ni dariya nake yi mata. To, yau ga ni da alƙalami.

Irmhild ta rasu a watan Agusta, bayan shekara arba'in da huɗu muna tare. A watan Mayu lafiyarta ƙalau, har ta durƙusa a ɗan lambun da muke haya bayan layin dogo ta dasa kabejinta, irin ƙananan nan masu fitowa a jere a jikin kara, kowanne bai kai ƙwan kaza ba. Tushe goma sha biyu, kamar kowace shekara. Mako uku bayan nan likita ya kira mu ofishinsa ya rufe ƙofa.

Kin dai san ba a taɓa kabejin nan sai raɓa ta daskare a kansa. Kafin nan ɗaci gare shi, sanyin ne ke sa masa zaƙi. Irmhild ta fi kowa riƙe wannan, ko ɗaya ka tsinka kafin lokaci sai ka ji a kunnenka. Lahadin farko bayan sanyin ya sauka, ranar take yi mana gashin taliya. Ni aikina guda ne: in zauna da 'yar wuƙata in ɓare ganyen waje, in tsaga gindin kowanne gida huɗu don ya nuna har ciki. Ita kuma ta ɗan tafasa su, ta soya albasa da man shanu, ta dafa taliyar ƙwai rabin dahuwa, ta kaɗa madara da ƙwai da gyaɗar ƙamshi ta kwarara a kai, ta rufe da cuku da garin busasshen burodi, sai tanderu. Kullum sai na ce gishiri bai ji ba, kullum sai ta ce harshena ne hayaƙin jirgi ya kashe. Ba wani abincin sarakuna ba ne, na sani. Amma idan aka buɗe tanderun nan sai ka ji damuna da sanyi da duhun da ke rufewa tun ƙarfe huɗu na yamma duk ba su dame ka ba.

Bayan jana'iza na kasa komai. Ciyawa ta cinye lambun, shinge ya yi gashi, ban kula ba. Kabejin nan kaɗai nake zuwa wa. Ina ba shi ruwa, ina tsince tsutsa da hannuna, na kafa wa kowane tushe sanda don iskar teku. A raina na ƙudura cewa idan sanyi ya sauka zan tsinke, in kira 'yata, mu yi gashin nan sau ɗaya, mu ci abu na ƙarshe da hannun uwarta ya taɓa. Shi ke nan abin da nake tashi dominsa da safe, wallahi babu wani.

'Yar tawa Wiebke ce, ita kaɗai Allah ya ba mu. Shekararta arba'in da ɗaya, tana aiki a Hamburg, irin mutanen nan da komai sai an rubuta a jerin abin yi an soke. A tsakiyar Oktoba aka yi mini aikin ido, ta zo ta zauna da ni kwana uku. Nan ta ga takardar ƙungiyar masu lambu a kan tebur. Shugabanmu Malam Harms, mutumin da ke yawo da ma'auni a aljihu kamar shi ya halicci shinge, ya rubuto gargaɗi na biyu: shingena ya wuce ƙa'ida da taƙi guda, ciyawata ta tsallaka wa maƙwabci, idan aka kai na uku za a karɓe lambun. Ni ko a jikina. Ita kuwa sai ta ɗauki makulli ranar Asabar da sassafe, ina kwance da bandeji a fuska, ba ta ce mini uffan ba.

Da la'asar ta dawo, hannu duk ƙaya ta yage, tana murmushi. Wai Baba ka kwantar da hankalinka, na share komai tas, har ruɓaɓɓen kabejin nan da ganyensa ya yi rawaya. Ruɓaɓɓe! Yarinyar da aka haifa aka yaye a lambun nan ba ta san ganyen ƙasa yana yin rawaya a Oktoba ba? Na ce ina yake. Ta ce ai ta loda a mota ta kai jujin gari, domin Mama ta sha cewa ba a zuba karan kabeji a ramin taki, yana sa wa ƙasa cuta. Kin ji fa. Wannan ta tuna. Na jiran sanyi ne ta manta.

Ba zan ɓoye miki ba, na faɗi magana. Na ce mata uwarta na kwance a asibiti sau uku kacal ta tako, sai yanzu da ta mutu ne ta gane hanyar lambu. Ta tsaya tana kallona, sannan ta haɗa jakarta ta tafi a ranar.

Bayan mako guda, ranar Lahadi, sai ga ta da kaskon gashi a naɗe da tawul. Ina ganinta ta taga, ban buɗe ba. Ta ajiye a bakin ƙofa ta koma mota. Da na ɗaga murfin, gashin taliya ne, amma da kabejin kanti, irin na leda da ake ajiyewa a ƙanƙara, ko tsaga gindin ba a yi ba, ya yi laushi ya jiƙe taliyar. Wato ita a ganinta an biya ni ke nan. An fasa maka tulu an kawo maka roba. Washegari na shiga jirgin ƙasa har Hamburg, na ajiye mata kayanta a ƙofar gidanta yadda ta kawo, ko cokali ban sa ba. Makonni biyar ke nan ba mu yi magana ba.

Talatar da ta wuce sanyin ya sauka. Na tafi lambun, ban san me ya kai ni ba. Ƙasa fes, an share an baje, raɓa ta daskare fari fat a kan babu. Ina tsaye sai ga Harms ya leƙo ta shinge, wai barka, Malam, bana lambunka ya fi na kowa tsabta, da ma kowa na da 'ya irin taka. Da ƙyar na riƙe bakina.

Yanzu mijinta ya aiko saƙo, wai suna jirana Kirsimeti, in sanar da su kafin ƙarshen wata. Ni na fi son in zauna a gidana, in kuma mayar wa ƙungiya makullinsu, su ba wanda suke so. Ƙanwar matata ta ce na cika taurin kai, a kan kabejin da ake sayarwa a kowace kasuwa. Kowa kabeji yake gani. Ina jin haushin 'yata, haushi na gaske, kuma ina jin kunyar haushin, abinci ma ba ya shiga. Ki gaya mini gaskiya, ni ne mai laifi?

Tsoho mai lambu a bayan layin dogo

*

Malam mai lambu,

Allah ya jiƙan Irmhild, ya ba ka haƙurin rashinta. Tun da gaskiya ka nema, ga ta.

Ba a kan kabeji kake fushi ba, kuma duk wanda ya ce maka haka bai fahimce ka ba. Wata biyu ka yi kana renon abin da ya rage maka na hannun matarka, aka zo rana ɗaya aka kwashe ba da shawararka ba. Wannan rashi ne a kan rashi. Wiebke ta yi kuskure: lambun naka ne, kana gida ɗaya da ita, tambaya guda ta isa. Garin neman gira ta rasa ido. Kana da haƙƙin ka ji ciwo, kuma kana da haƙƙin ka gaya mata.

Amma na karanta wasiƙarka sau biyu ina neman wurin da ka sanar da ita abin da ka ƙudura, ban gani ba. A ranka ka ajiye. Ita abin da ta gani shi ne uba kwance da ido ɗaya, da takardar da ke cewa za a ƙwace lambun uwarta. Ta yini tana fama da ƙaya don kada ka rasa wurin. Rashin sani ya fi dare duhu, kuma har yau ban tabbata ta san girman abin da ta tumɓuke ba. Wataƙila tana can tana zaton a kan kayan miya ubanta ya rufe mata ƙofa.

Sai maganar asibiti. Malam, wannan ta fi tumɓuke kabeji nauyi. Abin da ta yi maka da kuskure ta yi, abin da ka faɗa mata kuwa ka zaɓi inda zai fi zafi ne ka soka. Ko da sau ukun gaskiya ne, ita ta fi ka sanin lissafinsa, kuma da shi za ta kwana har tsufanta. Duk da haka ta dawo bayan mako guda da kasko a hannu. Gashin bai yi kyau ba, na yarda. Amma mace ce da uwarta ta rasu wata biyu kafin nan, ta tsaya a kicin ita kaɗai tana ƙoƙarin tuno yadda uwar ke yi, babu wanda za ta tambaya.

Kada ka jira Kirsimeti, kuma kada ka bi ta hannun mijinta. Ka kira ta a waya a makon nan. Ka fara da janye waccan magana, ita kaɗai, ba tare da "amma" ba. Bayan nan ka ba ta labarin tushe goma sha biyun kamar yadda ka ba ni, har da sandunan da tsutsar. Za ta yi kuka, mai yiwuwa kai ma. Ba laifi.

Sanyi ya riga ya sauka, manoma suna kawo kabejin a kan karansa kasuwar Asabar. Ka sayi kara biyu, ka ce ta zo. Kai ka san abin da idonka ya gani shekara arba'in da huɗu, ita kuma tana da hannu, ku haɗa. Ba zai zama na Irmhild ba, kada ku yaudari kanku, wancan ya tafi. Idan ya fito da ɗaci ku ci haka nan. Makullin lambu kuma ka bar shi a aljihunka sai bazara, ba a yanke babbar shawara a shekarar makoki.

Hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar, balle wannan bai ruɓe ba, ya ji ciwo ne kawai. Idan ka bar abin ya ja, za ka zauna a teburinka ranar biki da kujeru biyu babu kowa. Ɗaya mutuwa ce ta ɗauke mai ita, ba yadda ka iya. Ɗayar kuwa kai ne ka tashi mai ita.

Allah ya sanyaya maka zuciya, ya ƙara wa idon lafiya, ya sa ta ɗauka tun a kiran farko.

Gesine