Ranar da Alƙali Ya Cire Baffa

Daren Talata, Dar Salam, Umdurman

Yau alƙali ya cire Baffa Idrisu daga riƙon wasiyyar Abba, kuma ni ce na kai ƙarar.

Kafin Abba ya rasu, ya damƙa wa Baffa gonarmu ta Aljirif, ya riƙe wa ƙannena har su girma. Ashe ƙasar gonar yake kwasa yana gasa jan bulo yana sayarwa. Wai hayar gonar ya ba kansa: shi ne mai ba da haya, shi ne mai karɓa. Da na je na gani, inda muke shuka kuɓewa ya zama rami, ruwa ya kwanta a ciki.

A mahkama alƙali ya tambaye shi, "Wa ya ba ka izini?" Ya ce, "Ni na ba kaina." Nan magana ta ƙare.

Na zaci zan ji sanyi a raina. Amma a bakin ƙofa Baffa ya dube ni, ba faɗa ba zagi, ya ce, "Ya bitti, 'yata, kin yi nasara. Ranar da wani abu ya same ku, sai ki kira alƙali."

Umma ko abinci ta kasa ci. Baffa kaɗai ne babban namiji da ya rage mana a garin nan, katanga ɗaya ta raba mu. Ya Allah, ka sa ba ɓarna na yi ba.

Kullum bayan isha'i yakan ƙwanƙwasa ya tambayi lafiyar yara. Ɗazu na ji takunsa daga masallaci, na kasa kunne. Ya wuce ƙofarmu bai tsaya ba.