Fim ɗin Bahijja

Gidan Dare, Sakkwato.

Zuwa ga ƙanwata Rahmatu,

Bayan gaisuwa da fatan kina lafiya, ke da maigidanki da yara. Allah ya ƙara muku lafiya a Abujar nan taku. Mu dai muna nan, zafi yana gasa mu, kasuwar nama kuma sai addu'a.

Kin tuna mutanen da suka zo bara daga garinku da kyamara, wai za su yi fim a kan masu lalurar galahanga? Sun turo mana shi mu gani kafin a sa a talabijin wata mai zuwa. Yayanki ya zama tauraro. Sun ce in yi fuskar tausayi, na ce ai da ita aka haife ni, kuma wallahi ta fito sosai.

Abin da bai fito ba shi ne ɗiyata Bahijja. Kin san ba ta haɗa ido da mutum, magana kuma sai ta shirya. To ta shirya. Ta zauna gabansu ta yi bayanin yadda ƙara ke shiga kanta kamar allura, da yadda take ɗinkin hula, ta ce kada a kira ta marar lafiya. Ni da na tsaya aji huɗu har baki na saki. Duk sun yanke. Suka bar wurin da maƙwabci ya tada injin niƙa, ta toshe kunne tana jijjiga a bayan ƙofa. Aka sa sarewa mai sa kuka, wata mata tana cewa ga yarinyar da ba ta da murya. Na kira shugabansu, ya ce masu kallo sun fi jin maganar uba.

Tun ranar da ta kalli fim ɗin ba ta taɓa hula ba, ba ta fita ko zaure. Ta ɗauki jawabinta a waya da kanta, za ta turo miki. Don Allah ki kai musu ofis. Ta ce ko su sa shi duka, ko su cire fuskarta. In an nuna fim ɗin haka, ban san ranar da za ta sake fita ba.

Ki gaida maigidanki Malam Gazali da Sadiyatu da su Jafar. Matata Ashatu tana gaishe ki. Na tambayi Bahijja ko in sa tata gaisuwar, ta ce a'a, an yi magana da bakinta ya isa.

Naki yaya,
Attahiru mahauci.