Simintin da na shafa wa zauren Kaka

Zuwa ga Yaya Isufu,

Gaisuwa mai yawa. Ina gajiya, ina iyali, ina zaman Lome? Mu nan Filinge lafiya lau, hatsi ya yi kai, Inna ma ƙafar ta yi sauƙi.

Yaya, zauren Kaka ya faɗi, kuma ni na kashe shi. Bara na gaji da yaɓen kowace shekara, na sa aka shafe bangon da siminti. Baba Gado magini ya ce mini, "Ɗana, ƙasa numfashi take yi, kada ka toshe mata hanci." Na ce masa zamani ya wuce nan. Ashe ruwa na shiga ta ƙasa, ba hanyar fita. Ruwan Agusta ya gama da shi.

Ranar Lahadi wata malama ta zo daga jami'ar Yamai, tana rubutu kan tsofaffin gine-gine. An gaya mata irin ginin bakan gizon da ke riƙe da rufin zauren namu ya yi wuyar gani a duk ƙasarmu ta Kurfai. Ta tsaya kan tarin ƙasa ta ce, "Wa ya sa siminti nan?" Wallahi sai na ji bakina ya ce, "Yaran yanzu ne." Baba Gado na tsaye. Bai tona ni ba, ya dai sunkuyar da kai.

Ka sa ni addu'a, ka gai da Anti Hadiza da yara. Shekara saba'in Kaka da Babanmu suna yaɓe bangon nan da hannu. Ni damina ɗaya ta ishe ni.

Ƙaninka,
Hamidu