Zauren Malam

Yakasai, Kano

Auta, kada ka karanta wannan takarda a tsaye, ko a cikin motar maigidanka. Nemi wuri ka zauna, domin faɗa zan yi maka.

Bayan gaisuwa, da fatan kana lafiya, kana kuma tsare sallarka. Alhaji Sanda ya dawo daga Dubai ranar Talata, ya kawo mini turaren da ka aiko da wata doguwar takarda a nannaɗe. Yayarka Aishat ta warware mini ita, sai ga zanen bene hawa huɗu da shaguna a ƙasa, daidai inda zauren mahaifinku yake. Wai Ba'amurken da kake tuƙawa ne ya sa aka zana maka kyauta.

Ban roƙi kyautarsa ba. Kai da bakinka ka gaya mini mutumin nan ya gina gidaje sun fi dubu, amma ya rabu da mata biyu, 'ya'yansa uku kowanne yana wata ƙasa, sai sun bi ta hannun sakatariya kafin su ji muryarsa. Shi ne zai koya mini yadda ake gida?

Ka manta zauren nan? Bayan magariba Malam zai shimfiɗa tabarma, maƙwabta su fito da kwanukansu a yi ciyayya. Mai miyar kuka ya ci ta mai kuɓewa. Wanda ba a ɗora tukunya a gidansa ba ya sa hannu, babu mai ganewa. A nan ka koyi ci da dama, a kan cinyar ubanka. Daga tsakar gida nake jin dariyarsu, in san tuwona ya yi.

Wannan kake so a mayar shagon cajin waya. Ina jiran bayaninka a rubuce. Ban yarda da waya ba, a can kake yi mini daɗin baki.

Mahaifiyarka,
Turai

Al Nahda, Dubai

Assalamu alaikum Umma. Ina gaishe ki da girmamawa, ina gaida Yaya Aishat da yara. Na zauna na karanta, har sau biyu.

Wallahi ba raini ba ne. Yaya ce ta turo mini hoton rufin zauren bayan damina. Azara biyu sun ruɓe, kuma ta nan kike wucewa kullum. Ina kallon hoton a mota sai Mista Brannock ya leƙo, ya tambayi faɗin filin. Kafin mu isa ofis ya gama yanke hawa nawa zai ɗauka. Haka yake, ko filin ƙwallo muka wuce sai ya auna shi da ido.

Da takardarki ta zo na fassara masa maganar ciyayya. Sai ya ce ubansa kafinta ne, da hannunsa ya gina gidansu na katako, da baranda inda maƙwabta ke zaman hira. Shi kuma Mista Brannock, aikinsa na farko da ya shiga harkar gini, wannan gidan ya rushe ya yi wurin ajiye motoci. Tsohon bai sake taka unguwar ba har ya mutu. Daga nan ya ce, "Yalla, mu tafi," ya ci burodinsa a kujerar baya kamar kullum.

Amma Umma, ki yafe mini wannan tambayar. Yaushe rabon da a ci abinci a zauren? Shekara shida da rasuwar Baba, abokansa saura biyu. Ni ma a nan mu takwas ne a filat ɗaya, huɗu 'yan Kano, kowa ya rubuta sunansa a jikin robarsa a firij. A bakin gado nake ci.

Abin da kika yanke shi za a yi. A sa ni a addu'a.

Ɗanki,
Bashar

Yakasai, Kano

Auta, na amsa gaisuwarka, Allah ya yi maka albarka.

Tambayarka ta yi mini zafi, na kwana biyu ina fushi. Sannan na shiga zauren na tsaya. Tsohon keke ne a ciki da buhunan gawayi. Ni ma a ɗaki nake ci, rediyo ne abokin cina.

Na kira magini, zai sauya azara ranar Asabar. Ka mayar wa maigidanka zanensa, ka ce na gode. Ka kuma ce masa tsohuwarka ta ce ya kira 'ya'yansa da kansa, tun yana da sauran ƙarfi.

Ga dokar gidan nan daga yau. Ba mai rushe zauren Malam ina raye. Kullum bayan magariba kwano zai fita, ko mutum ɗaya ne ya zo. Kai kuma duk Juma'a ka juye abincinka a faranti, ka ajiye a tsakar ɗaki, ka kira sauran bakwai ɗin. Ɗan gidan nan ba ya ci shi kaɗai, a Kano yake ko a Dubai.

Mahaifiyarka,
Turai