Wata Ɗari da Goma Sha Ɗaya

Zuwa ga Malamarmu ta lissafi,

Assalamu alaikum. Ina fata wannan takarda za ta same ki lafiya, ke da iyali, da ɗaliban sabuwar makarantar da aka mayar da ke.

Malama, ki gafarce ni da na yi ƙarfin halin rubuto miki. Ba lallai ki tuna ni ba. Ni ce mai zama a layin ƙarshe kusa da taga a ajinki na bara, wadda kika taɓa cewa kin san rubutunta amma ba ki san muryarta ba. Adireshinki a ofishin makaranta na samo, na ce musu gaisuwa zan aiko. Ba gaisuwa kaɗai ba ce.

Babana kafinta ne a wani kamfanin kujeru. Shekara tara da suka wuce banki ya ba shi bashin miliyan shida ya sayi gidan da muke ciki. Kowane wata ana cire dubu hamsin da huɗu daga albashinsa tun kafin ya taɓa shi. Baba bai yi makaranta ba, don haka duk takardar da ta shigo gidanmu ni nake karanta masa. Shi ya sa yake kira na Akawu.

Ina aji shida na firamare, wata rana ya kira ni ya ce, "Akawu, zo ki gwada mana karatun nan naki. Miliyan shida, a raba da dubu hamsin da huɗu, wata nawa ke nan?"

Na yi rabawar a bayan wani guntun katako, na ce, "Ɗari da goma sha ɗaya, Baba."

Ya ce, "To ai a banki shekara ashirin suka ce."

Malama, ina jin nauyin rubuta amsar da na ba shi. Na ce, "Wataƙila wannan wa'adin masu fashin biya ne. Kai ai ba ka fashi."

Ya yi dariya har da tafi, ya ƙwala wa Mama kira: "Fito ki ji, 'yarki ta rage mana shekara goma da fensir!" A makon nan ya goge wani allo, ya huda masa rami ɗari da goma sha ɗaya, ya sassaƙa ƙusoshin katako ya cusa a ramukan watannin da suka rage, ya rataye a falo. Duk ranar albashi yana zare ƙusa ɗaya. Kowane baƙo ya shigo sai ya nuna masa allon, sannan ya nuna ni.

Sau ɗaya a shekara banki yana aiko da takarda. Nakan karanta masa sama, inda aka rubuta sunansa da abin da ya biya da godiyarsu, in tsallake akwatin da ke ƙasa. Da farko don ban gane shi ba ne. Bara, ranar da kika koya mana kuɗin ruwa, na dawo gida na ɗauko takardar na duba akwatin. Tun daga ranar ina tsallake shi ne don na fara ganewa.

Yanzu ƙusa biyu suka rage. Baba ya gaji da kamfani, kafaɗarsa tana damunsa, yana so ya buɗe shagonsa a ɗakin ƙofar gida. Makon jiya ya sa na rubuta masa takardar barin aiki, na rubuta da rubutuna mafi kyau, ya kai wa manaja. Ƙarshen watan gobe zai bari.

Ga abin da na kwafo daga akwatin takardar bankin: ruwa kashi tara cikin ɗari a shekara, wata ɗari biyu da arba'in, ragowar bashi miliyan huɗu da dubu ɗari huɗu da casa'in da uku. Malama, ya biya wata ɗari da tara, kusan miliyan shida ke nan. Ko dai banki ne ya yi kuskure? Ina roƙon Allah ki ce su ne.

Na gode da kika karanta. Allah ya ƙara girma.

Ɗalibarki ta bakin taga.

*

'Yata,

Wa alaikumus salam. Muna lafiya, sai dai yaran nan sun fi ku surutu, ku kuma kun fi su iya rubutu. Na tuna ki sarai. Ke ce mai ja wa amsa layi biyu da rula kamar za ta gudu.

Ba zan yi miki kwana-kwana ba: banki bai yi kuskure ba. Na buga lissafin sau biyu, ya fito daidai da nasu.

Rabawarki ta firamare ma daidai ce. Abin da ya ɓace shi ne hayar kuɗin. Wanda ya karɓi bashin gida yana biyan abu biyu a cikin kuɗi ɗaya: hayar kuɗin da ke hannunsa, wato ruwa, da kuma uwar kuɗin. Banki yana fara ɗaukar hayarsa, abin da ya rage shi ke rage bashi. Ɗauki fensir ki bi ni. Kashi tara cikin ɗari na miliyan shida, a raba gida goma sha biyu, dubu arba'in da biyar ke nan. To a watan farko, cikin dubu hamsin da huɗun babanki, dubu tara kacal suka taɓa bashin. Da bashin ke raguwa, haya tana raguwa, rabon uwar kuɗi yana ƙaruwa, amma a hankali. A wannan watan wajen dubu talatin da huɗu haya ce, dubu ashirin ragi. Idan ya kai ƙarshen shekara ashirin, gidan miliyan shida zai tsaya masa a kusan miliyan goma sha uku. Saura wata ɗari da talatin da ɗaya, ba biyu ba.

Kada ki ɗauka rashin makaranta ne kawai ke jawo wannan. Ni da nake koyar da abin, na taɓa sa hannu a bashin mota ban duba jimillar ba, don ina jin kunyar ma'aikacin banki ya ga malamar lissafi tana tambaya. Har yau maigidana yana min tsiya da shi.

Yarinya 'yar shekara goma sha ɗaya ba ta da laifi. Amma ta bara, wadda ta gane ta yi shiru, tana da abin da za ta gyara, kuma ba ni zan gyara mata ba. Ranar da albashi ya tsaya, banki ba zai tsaya ba. Wata uku ko huɗu babu biya, za a fara maganar gidan da kuke kwana a ciki. Ki faɗa masa ranar da takardar nan ta iso. Kada ki jira ki ga fuskarsa a sake.

Ki rubuto min yadda kuka yi. Ki gaishe da mamanki.

Malamarki.

*

Zuwa ga Malama,

Assalamu alaikum. Na gode ƙwarai da amsarki, Allah ya saka da alheri. Ina fata kina lafiya.

Ban faɗa masa ranar ba. Kwana biyu takardarki tana cikin littafin kimiyyata. Ranar Asabar da hantsi na same shi a ɗakin ƙofar gida yana kafa kantar da zai jera kayan aiki, yana 'yar waƙarsa. Na tsaya a bakin ƙofa har ya ce, "Akawu, ko dai kin zo neman aiki ne? Ba na ɗaukar mai tsoron guduma."

Na ce, "Baba, idan ka karɓi injin yankan katako haya, ka yi shekara kana biyan haya, injin ya zama naka?"

Ya ce, "Wace irin tambaya ce wannan? Haya daban, saye daban."

Na ce, "To kuɗin banki ma haya suke karɓa." Na karanta masa akwatin da ke ƙasa, sannan na karanta masa lissafinki. Sai da na maimaita adadin.

Ya ajiye guduma a hankali. Ya sa na sake faɗin na watan farko, dubu tara cikin hamsin da huɗu. Ya ƙirga wani abu da yatsunsa. Malama, nan take ya gane, ya ma fi ni saurin ganewa. Da tun farko wani ya yi masa bayani na minti biyar, da bai taɓa huda allon nan ba.

Sai ya ce, "Tun yaushe kika sani?"

Na so in ce jiya. Na ce, "Tun bara."

Ya ce, "Tun bara. Kika zauna kika rubuta min takardar barin aiki, har da ja mata layi."

Bai ɗaga murya ba. Da ya yi faɗa da ya fi min sauƙi. Mama ta fito da hannunta duk kumfar wanki, ta ji ƙarshen maganar, ta ce, "Ai kai ma da naka. Ka ɗora wa 'yar firamare lissafin gida, ka bi unguwa kana nuna ta kamar sabon rediyo. Da wane baki za ta ce maka ta yi kuskure?" Ya ce mata, "Ke koma wankinki." Ta ce, "Wankin ma a gidan banki nake yin sa ashe."

Ya shiga falo ya sauke allon, ya kife shi a bayan kujera.

Damuwar yanzu ita ce ya ce ba zai koma wurin manaja ba. Manajan yaro ne, Baba ne ya koya masa riƙon zarto lokacin da ya zo kamfanin. Abokan aikinsa sun riga sun haɗa kuɗi sun saya masa akwatin kayan aiki na sallama, kuma duk ya gaya musu ya gama da banki. Ya ce gara a sayar da gidan da ya je ya tsaya a gabansu ya ce ƙarya ya yi. Kwana huɗu ke nan, idan yana son ruwa sai ya ce wa Mama, ko da ina zaune kusa da shi.

Saura mako uku. Malama, me zan yi?

Ki huta lafiya.

Ɗalibarki.

*

'Yata,

Wa alaikumus salam. Kin yi mai wuyar. Fushinsa haƙƙinsa ne, ki bar shi ya yi.

Kada ki roƙe shi, kada ki yi masa kuka. Mutum ne mai awo, ki ba shi abin da zai auna. Ki rubuta hanya uku a takarda ɗaya da manyan lambobi, ai yana gane lamba. Ta farko: ya bar aiki, kuma sai shago ya kawo dubu hamsin da huɗu kowane wata kafin a saya muku ko gishiri. Ta biyu: ya zauna a kamfani, wata ɗari da talatin da ɗaya. Ta uku: ya zauna, ya yi aikin shagon a ranakun hutu, ya ƙara dubu goma a kan biyan kowane wata. Duk ƙarin yana tafiya kan uwar kuɗi ne, don haka zai gama a wata ɗari, ya tsira da sama da dubu ɗari shida. Amma ku fara tambayar banki ko suna cin tarar biya da wuri, kuma su amsa a rubuce.

Ki ajiye masa, ki tashi. Zaɓin nasa ne.

Malamarki.

*

Zuwa ga Malama,

Assalamu alaikum, da fatan alheri.

Na ajiye takardar a kan kantar shago. Kwana biyu ta yi a can. Ranar Litinin da safe ya ce wa Mama, "Ce mata ta sa takalmi."

Muka je kamfanin tare. Ya ɗauki akwatin kayan aikin da suka saya masa, ya ajiye a tsakiyar wurin aiki, ya ce kowa ya zo ya karɓi kuɗinsa. Wani tsoho mai fenti ya ce, "Riƙe abinka, ai ba mu da ƙarfin sake haɗa maka wani bayan shekara goma." Aka yi dariya. Baba ma ya yi, amma na ga wuyansa yana zufa.

A ofis manaja ya miƙe tsaye ya ba shi kujera, Baba ya ƙi zama. Manaja ya ce an riga an yi wa wani alkawarin matsayinsa na shugaban sashe, sai dai ya koma benci cikin sauran kafintoci, amma albashi ba zai ragu ba. Ya tambaye shi me ya faru. Na buɗe baki zan yi magana, Baba ya riga ni. Ya ce, "Ni ne na yi lissafi ba daidai ba. Yarinyar nan ce ta gano."

Malama, ban iya ɗaga kai ba har muka fita.

Daga nan muka wuce har ƙofar banki. Ya tsaya ya gyara hularsa ya ce, "Ke za ki yi tambayar, ni zan saurara. Abin da ba ki gane ba, ki ce ba ki gane ba, ko sau goma ne. Ni ma haka."

Sau huɗu na faɗa. Shi sau biyu. Sun ce babu tara, kuma za su rubuto.

Idan takardar tasu ta zo, ina so wani ya duba min ita bayan na karanta. Idan ban takura miki ba, Malama, ko za ki yarda in sake rubutowa?

Allah ya ƙara lafiya.

Ɗalibarki.