Kututture Arba'in da Hannun Anselmo

Talent, Oregon,
12 ga Nuwamba.

Zuwa ga Yayata Remedios,

Bayan gaisuwa mai yawa da girmamawa, ina fatan takardar nan ta same ki lafiya, ke da maigidanki Fulgencio da yara da duk 'yan uwa na Zamora. Allah Ya sauƙaƙa miki ciwon gwiwar nan, Ya bar mana ke. Baba yana nan da sauran ƙarfinsa, sai dai rawar hannunsa ta ƙaru, har sai na riƙe masa kofi yake shan abu mai zafi. Na san za ki ce me ya hana ni buga waya. Wallahi sau uku ina ɗaukarta ina ajiyewa, don in na buɗe baki kuka zan yi, ba za ki fahimci komai ba. Ki samu wuri ki zauna kafin ki ci gaba.

Kin san bana fiya ta yi mana kyau, rassa har ƙasa, amma kasuwa ta juya mana baya. Masu saye daga wajenku sun rage, ta Ajantina kuma ta cika kantuna da araha tun kafin tamu ta nuna. Akwatin da bara aka saya da daraja, bana ko ladan masu tsinka bai fitar ba. Muna ji muna gani muka bar rabin gona ta zube ta ruɓe, ƙudan zuma da wari har bakin ƙofa. Membiriyo kuwa, ɗan itacen nan rawaya mai kama da fiya, wanda dā mu kaɗai ke dafa shi da sukari mu yi alawa, sai ga kuɗinsa yana ta hawa. Har daga Kalifoniya ake bugo waya ana neman na bishiyar Mama guda ɗaya tal da ke bayan gida.

Daga nan fa Cirilo ya tayar da ballinsa. Kin san ƙanen namu, kai kamar tukunyar da aka manta a wuta. Ya ce ai duk fiyar da ke gefen rafi a kan saiwar membiriyo Baba ya yi musu aure, wato ya haɗa reshen fiya da gindin membiriyo, don haka a sare su kawai, membiriyo ya tsiro daga ƙasa, mu huta da noman asara. Yaya Anselmo ya ce sai dai a bi ta kan gawarsa. Cirilo ya kira shi tsohon jaki mai gadin ruɓaɓɓen kaya, shi kuma ya ce da shi malalaci, wanda bai taɓa dasa ko barkono ya rayu ba. Wata guda cur, kowane cin abinci sai an doki tebur. Ni kuma, wawuya, na ɗauka a baki abin zai tsaya.

Ran Lahadin ƙarshen Oktoba muka tafi coci, Cirilo ya ce kansa na ciwo. Da muka dawo, tun daga kwanar titi muka jiyo kukan injin yankan itace. Yaya, layi biyu a kwance, bishiya arba'in, waɗanda Baba ya aurar da hannunsa shekarar da aka haife ni! Mota ba ta gama tsayawa ba Anselmo ya dire. Ya fizgi sandar da muke tokare reshe da ita, ya sheƙa a guje ya maka wa Cirilo a gadon baya. Cirilo ya juyo da injin a hannu, yana kunne. Ya rantse mini daga baya cewa firgita ya yi, ni dai abin da na gani shi ne Anselmo ya ɗaga hannun dama don ya kāre fuska, sai jini ya yi tsartuwa har kan rigata.

Kina tsammanin ya tsaya? Ina! Ko kallon hannun bai yi ba. Da hagu ya naushi Cirilo ya kai shi ƙasa, ya danne masa ƙirji da gwiwa, yana ta kirɓar fuskarsa, yana cewa yau sai ya kashe shi ya binne a gindin abin da ya sare. Hanci ya fashe, haƙora biyu suka fita, jinin wannan ya gauraye da na wancan. Na yi ihu har murya ta dushe, na cire takalmina ina dukan su duka biyun, ban ma san wa nake samu ba. Sai da jiri ya kwashi Anselmo ya faɗi gefe sannan suka rabu. Baba kuwa ya durƙusa cikin garin katako yana lalube, ya tsinto babban yatsa da manuni, ya naɗe su a hankicinsa na zuwa coci. Likitoci sun ce ba su ɗinkuwa, sarƙar injin ta tattauna su. Da 'yan sanda suka tambaya, Anselmo ya ce tsautsayi ne. Ya gaya mini ba don tausayi ya rufa masa asiri ba, don kada kurkuku ta raba shi da wuyan Cirilo ne.

Kwana uku bayan haka Baba ya sa na raka shi gefen rafi. Ya bi kututturan ɗaya bayan ɗaya yana shafa su. Sai ya aika na kira Cirilo, ya zo da kumburarriyar fuska. Baba ya nuna masa ƙullin auren, ya ce ya duba da kyau, duk arba'in ɗin a saman ƙulli ya yanka, don haka fiya ce za ta sake tohowa, ita ma tohon da ba zai yi abin kirki ba. Ya ce ko da a ƙasan ƙulli ya yanka, membiriyon saiwa ƙanana yake yi masu bauri, ba mai saye. Fiya ake so ko membiriyo, dole sai an sake yi wa kowane kututture aure a watan Maris, in an wuce kuma sai dai tuge su. Cirilo ya zauna daɓas a ƙasa yana kuka. Ban rarrashe shi ba, har yau raina a ɓace yake da shi.

To ga inda muke. Hannun Baba ba ya riƙe wuƙa, na Anselmo ya tafi, ni da Cirilo ba mu taɓa tsayawa mun koya ba. Mutanen gonar inabi da ke maƙwabtaka da mu har sun zo gaisuwar jinya suna ta leƙen fili. Baba ya ce in Maris ya wuce ba a yi auren ba, zai sayar musu da gonar gaba ɗaya, kowa ya kama gabansa. Mutum biyu kaɗai ya koya wa aikin nan, na farko Anselmo, kuma kin san ta biyun, wadda ke bin sa da zare da kakin zuma tun tana 'yar shekara tara. Na san tafiyar da nisa, na san gwiwarki, amma ina roƙonki don Allah ki zo.

Ki gaishe mini da Fulgencio, da Goggo Chayo, da 'yan biyunki, ki ce su sa mu a addu'a. Jiya da safe Baba ya sa na wasa masa wuƙar auren, ya ajiye ta a kan tebur, daidai wurin da kika saba zama. Anselmo da Cirilo suna cin abinci tana tsakaninsu, ba mai kallon wani, kuma Baba ya ce ba mai taɓa ta sai ke.

Taki ƙanwa mai kewarki,
Genoveva