Ranar da Aka Cire Unguwarmu Daga Dutse

Daren Laraba, cikin watan Rajab

Yau Bature ya zo da tafintansa, suka kafa turken iyaka a bakin rafi. Aka ce daga yau unguwarmu ta fita daga ƙasar Dutse, ta koma hannun wani hakimi da ko fuskarsa ba mu sani ba.

Baba, da yake shi ne mai unguwa, ya ce, "Ranka ya daɗe, gonakinmu da kaburburan iyayenmu duk suna hayin can. Yaya za a raba mu?" Ban san abin da tafinta ya mayar wa Bature ba, amma nan take dogari ya warware rawanin Baba a gaban jama'a. Ashe furfura ta cinye shi haka.

Sai aka ce ni zan gaje shi. Na dubi Baba, bai ɗago ba. Na ce na karɓa. Tsoro ne kawai, Allah ya sani.

Da magariba na kai masa tuwo, ya ce, "Ajiye nan, mai unguwa." Har yanzu bai taɓa ba.

Gobe sabon hakimi yana son mutum goma na aikin hanya. Ni zan zaɓe su, kuma duk tare muka tashi tun muna yara.